Kwamfutar da Ke Ɗaukar Karatu Ta Kunne

[KIƊAN BUƊE FILI, SAI A SASSAUTA]

Jama'a masu sauraro, barkanmu da sake saduwa a filinmu na kimiyya da fasaha. Kafin mu shiga magana, ina roƙon wanda ya ƙure ƙarar rediyonsa ya ɗan rage, domin abin da za mu saka yanzu yana da kaifi a kunne.

[SAUTI: KUKAN KASET ƊIN KWAMFUTA, DAƘIƘA 10]

To, madalla. Kada kowa ya taɓa eriya, tasha ba ta goce ba. Wannan kukan da kuka ji, wanda ya fara da dogon fito sannan ya rikiɗe ya zama ƙara, manhajar kwamfuta ce. An mayar da ita sauti ne aka naɗe a kaset, irin kaset ɗin nan da muka sani na tafsiri da na waƙa. Shekara 40 da 'yan kai da suka wuce, yaro a Landan ko a Belgired in ya ji wannan kukan ya san abin da ake ciki: kwamfutarsa ce ke ɗaukar karatu. Har akwai gidajen rediyo da suka riƙa watsa shi da gangan, mutane na zaune a gida da rakoda suna naɗa. Za mu zo kan wannan. Bari mu fara da na'urorin kansu.

Kafin tsakiyar shekarun 1970, kwamfuta kayan banki ce da jami'a da gwamnati. Tana da ɗakinta, tana da ma'aikatanta, mutumin gari ko ganinta ba ya yi. A 1977 aka fito da wasu ƙanana guda uku a Amurka waɗanda mutum zai iya saya ya kai gida: Apple II, da Commodore PET, da TRS-80. Amma shekarar da abin ya game gidaje sosai ita ce 1982. A watan Afrilun shekarar, wani ɗan Ingila mai suna Clive Sinclair ya fitar da ZX Spectrum, 'yar ƙaramar aba baƙa mai madannan roba, tsawonta bai kai santimita 24 ba. Mai ƙaramar ma'adana fam 125, mai babba fam 175. A watan Agusta kuma kamfanin Commodore na Amurka ya fara sayar da Commodore 64 a kan dala 595. Mai kamfanin, Jack Tramiel, haifaffen ƙasar Folan ne da ya tsira daga sansanin Auschwitz, ya je Amurka ya soma da gyaran tafireta. Ko a ƙiyasi mafi ƙanƙanta, an sayar da wannan na'ura tasa fiye da miliyan 12.

Abin da ya sa waɗannan biyun suka yi araha shi ne, masu ƙera su sun dogara da kayan da ke cikin gida tun asali. Ba su zo da fuskar kallo ba, sai ka jona waya a ramin eriyar talabijin ka murɗa har ka kamo su kamar wata tasha. Ba su zo da wurin ajiya na dindindin ba, sai ka nemo rakoda da kaset. Ma'adanar da suke aiki da ita kuwa, idan na faɗa muku girmanta za ku yi mamaki. Babbar Spectrum kilobayit 48 gare ta. Bayit ɗaya shi ne gurbin harafi ɗaya, kilobayit kuma bayit 1,024 ne. Hoto guda da ka ɗauka da wayarka, in ya kai megabayit 3, ya ninka dukkan ma'adanar Spectrum sau 64. Wadda ta riga ta fitowa ma, ZX81 ta 1981, kilobayit ɗaya tak ta zo da shi. Amma a cikin wannan ƙunci wani mai suna David Horne ya rubuta wasan dara na Turawa, cesi, wanda na'urar ke karawa da mutum, a cikin bayit 672.

Yanzu ga abin da ya sa na kawo wannan magana filin nan, kuma shi nake so ya zauna a ran iyaye da malamai. Idan ka kunna Commodore 64, cikin daƙiƙa biyu ko uku fuska za ta yi shuɗi, ta gaya maka akwai bayit 38,911 da za ka iya amfani da su, ta rubuta kalma ɗaya, READY, sai wani ɗan murabba'i ya tsaya yana ƙyaftawa. Shi ke nan. Babu hoton da za ka taɓa, babu bidiyon da zai faɗo maka, babu mai kiran ka. Na'urar ta tsaya tana jiran ka ba ta umarni, kuma in ba ka iya ba da umarni ba, haka za ku yi ta kallon juna har a ɗauke wuta. Yaron da aka saya wa ita don wasa, kafin ya kai ga wasan dole ya rubuta wani abu da hannunsa. Daga wannan ƙaramar ƙofa dubban mutane suka shiga sana'ar rubuta manhaja. Linus Torvalds, wanda ya ƙirƙiro manhajar Linux, a kan Commodore VIC-20 ta kakansa ya fara a Finlan.

Ina babbar manhajar take, wato irin su Android da Windows na yau? Tana nan, ba ta dai nuna kanta. Babbar manhaja ita ce ke tsakanin mutum da ƙarfe: ita ke lura da madannin da aka danna, ita ke zana harafi a fuska, ita ke sauraron kaset. A waɗannan na'urori an ƙone ta ne a cikin wani guntun silikon da ba ya goguwa. A Commodore 64 sunanta KERNAL, girmanta kilobayit 8. A Spectrum an haɗe ta da harshen rubuta manhaja, gaba ɗaya kilobayit 16. Tunda ba ta goguwa, ba abin da za ka rubuta ya lalata na'urar. In ta daskare, kashe ka kunna, ta dawo sabuwa fil. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga mai koyo, domin tsoron ɓata kayan mutane shi ke hana yara da yawa taɓa kwamfuta. Kuma tunda ƙarama ce, mutum ɗaya zai iya karanta ta daga farko har ƙarshe. A 1983 Ian Logan da Frank O'Hara sun buga littafi guda da ya warware babbar manhajar Spectrum layi bayan layi, da bayanin aikin kowane layi. Yau babu mahaluƙin da zai ce ya karance Android kaf.

Harshen da ake ba su umarni da shi kuwa sunansa BASIC. Malamai biyu ne, John Kemeny da Thomas Kurtz, suka ƙirƙiro shi a 1964 a kwalejin Dartmouth ta Amurka, don ɗaliban da ba lissafi suke karanta ba su ma su iya amfani da kwamfuta. Mai takarda da biro a kusa ya ɗauko, zan karanto layi huɗu a hankali.

10 INPUT A
20 FOR N=1 TO 12
30 PRINT A*N
40 NEXT N

Layi na 10 yana cewa: tambayi mutum lamba, ka riƙe ta da sunan A. Layi na 20 yana cewa: fara ƙirga daga 1 zuwa 12, ka kira ƙirgan N. Layi na 30: rubuta A sau N. Layi na 40: koma ka ɗauko N na gaba. Idan ka rubuta RUN ka ba ta 7, za ta jero maka 7, 14, 21, har zuwa 84, lissafin sau ɗin nan da muka haddace a firamare. Wani zai tambaya me ya sa ake lambar layi da 10, 20, 30, ba 1, 2, 3 ba. Don a bar sarari ne. In ka tuna wani abu daga baya, sai ka rubuta shi da lamba 15, na'urar da kanta za ta saka shi tsakanin 10 da 20. Waɗannan layuka huɗu suna ɗauke da rabin abin da mai rubuta manhaja ke yi har gobe: karɓar bayani, ajiye shi da suna, maimaita aiki, fitar da amsa.

Amma inda daɗin yake shi ne lokacin da mai koyo ya gane cewa yana iya tsallake harshen ya taɓa cikin na'urar kai tsaye. Ku ɗauka ma'adanar layin shaguna ne a kasuwa, shago 65,536, kowanne da lambarsa a ƙofa, kuma kowanne ba ya ɗaukar komai sai lamba ɗaya tsakanin 0 da 255. Akwai umarni biyu: PEEK yana gaya maka abin da ke cikin shago, POKE yana zuba abin da ka ba shi. Wasu shagunan kuma a jone suke da fuska ko da lasifika. A Commodore 64, in ka rubuta POKE 53280,0 gefen fuska zai koma baƙi nan take. Ka sa 2 a maimakon 0, ya koma ja. A Spectrum hoton fuska yana farawa ne daga lamba 16384, saboda haka POKE 16384,255 zai zana ɗan gajeren layi mai ɗigo 8 a can kusurwar sama ta hagu. Yaro ya sauya lamba, ya ga abu ya sauya a gabansa. A ranar zai daina ɗaukar kwamfuta a matsayin sihiri.

Bari in nuna muku amfanin wannan da abin da ya shafe mu. Waɗannan na'urori an ƙera su ne da haruffan Ingilishi. Babu ƙ a cikinsu, babu ɗ, babu ɓ. Tsarin Unicode, wanda ya ba wa haruffanmu masu ƙugiya gurbinsu na dindindin, sai a 1991 ya fito. To amma Spectrum ta bar gurbi 21 da mai ita zai zana harafin da ya ga dama. Ga yadda ake yi. Zana murabba'i a takarda, ka raba shi gida 8 a tsaye, gida 8 a kwance. A saman gidajen, daga hagu zuwa dama, rubuta 128, 64, 32, 16, 8, 4, 2, 1. Yanzu sai ka cike gidajen da za su fitar da siffar harafin, kowane layi ka tara lambobin gidajen da ka cike.

Mu ɗauki ɗ. A layin farko ƙugiyar sama ce, gidaje biyu na ƙarshen dama, 2 da 1, sun ba da 3. Layi na biyu da na uku sandar harafin ce kawai, gidan 4, saboda haka 4 da 4. Layi na huɗu saman cikin harafin ne: 32 da 16 da 8 da 4, jimla 60. Layi na biyar da na shida gefe da gefe ne, 64 da 4, wato 68 sau biyu. Layi na bakwai ya rufe cikin, 60 kuma. Na takwas a bar shi fayau, 0, don kada harafin ya manne da na ƙasansa. Lambobi takwas ke nan: 3, 4, 4, 60, 68, 68, 60, 0. Ga manhajar da za ta zuba su:

10 FOR n=0 TO 7
20 READ a
30 POKE USR "a"+n,a
40 NEXT n
50 DATA 3,4,4,60,68,68,60,0
60 PRINT CHR$ 144

Ka rubuta RUN, ɗ ɗinmu zai bayyana a fuskar na'urar da waɗanda suka ƙera ta ba su taɓa tunanin Hausa ba. Wanda ya yi wannan aiki da hannunsa ya fahimci lissafin sifili da ɗaya fiye da wanda ya haddace ma'anarsa don jarrabawa, domin ya ga yadda lamba 60 ta zama ɗigo huɗu a jere.

Larabawa sun fuskanci irin wannan matsala, tasu ma ta fi tamu nauyi, don rubutunsu daga dama yake tafiya, kuma harafi yana sauya kama gwargwadon inda ya faɗo a kalma. Wani ɗan kasuwar Kuwait, Muhammad al-Sharikh, ya kafa kamfanin Sakhr a 1982. Suka ɗauki tsarin MSX, wanda aka sanar a Japan a 1983, suka sa kamfanoni irin su Yamaha da Sanyo suna ƙera musu na'urori masu madannan Larabci, su kuma suna rubuta manhajojin karatu, har da ta Alƙur'ani mai girma. Yara da yawa a ƙasashen Larabawa da Sakhr suka fara sanin kwamfuta, kuma da harshensu.

Kada in sa ku ɗauka komai daɗi ne. BASIC yana da nawa, domin na'urar tana fassara kowane layi ne duk lokacin da ta iso kansa. Masu son gudu dole su koyi harshen ƙwaƙwalwar na'urar kanta, Z80 a Spectrum, dangin 6502 a Commodore da Apple, inda kuskuren lamba ɗaya ke daskarar da komai ba tare da wani bayani ba. Mujallu kan buga manhaja shafi-shafi, mutum ya kwana yana kwafa da yatsa, kuma in wuta ta ɗauke kafin ya naɗe a kaset, aikin ya tafi gaba ɗaya. Amma wannan ƙunci ya koya musu tattali. A 1984 ɗalibai biyu na jami'ar Kambirij, David Braben da Ian Bell, suka fitar da wasan Elite mai duniyoyi 2,048 a na'ura mai kilobayit 32. Ba ajiye duniyoyin suka yi ba, babu wurin. Wasu 'yan lambobi suka ajiye da ƙa'idar lissafi, duk lokacin da ɗan wasa ya isa wuri sai na'urar ta sake haifar da sunansa da siffarsa daga lissafin.

To mu komo kan kukan da muka fara ji. Duk abin da ke cikin kwamfuta sifili ne da ɗaya. Kaset kuwa sauti yake ɗauka. Sai aka ce, to, a ba wa sifili murya ɗaya, a ba wa ɗaya wata muryar, a jera su da sauri. Wannan shi ne kukan. A Spectrum kana danna madannin J kalmar LOAD ta fito, ka sa alamar zance biyu, ka kunna rakoda. Gefen fuska zai fara zanen ja da shuɗi-shuɗi, alamar ta ji fiton share fage, sannan ya koma rawaya da shuɗi, alamar karatu ya kankama. Babban wasa yakan ci minti huɗu ko biyar. In ƙarar ta yi yawa ko ta yi kaɗan, ko zaren kaset ya taɓa tauna, sai a minti na ƙarshe ta ce an sami kuskure, a koma farko. Duk wanda ya taɓa sa ƙaramin sukundireba ya juya hedin rakoda har murya ta washe, ko ya sa biro ya naɗe zaren da ya zubo, ya san aikin da waɗannan yara suka sha. Hannu ɗaya ne, kayan aiki ɗaya ne.

Tunda manhaja ta zama sauti, me zai hana rediyo ya ɗauke ta? Mutanen Holan suka yi wannan tunani a wani shiri mai suna Hobbyscoop na gidan watsa labarai na NOS. Sai suka ci karo da cikas: kowane kamfani da irin nasa BASIC, da irin nasa kukan kaset. Share fuska kaɗai, Spectrum CLS take ji, Apple HOME take ji, Commodore kuma wata hanya dabam. Dabarar da suka fito da ita sunanta BASICODE, kuma tana burge ni ƙwarai. Suka tsayar da murya biyu ga kowa, mai kaɗawa 1,200 a daƙiƙa da mai 2,400. Sannan suka ce duk manhajar da za a watsa ta fara daga layi na 1000. Layukan da ke ƙasa da haka an bar wa kowace na'ura ta cike da nata. Mai rubutu in yana son share fuska sai ya ce GOSUB 100, wato je ka layi na 100. Mai Spectrum yana da nasa layi na 100, mai Commodore yana da nasa, kowa ya share fuskarsa ta hanyarsa. Watsawa ɗaya, na'urori iri-iri. A 1984 BBC ma ta ɗauki tsarin a shirinta na The Chip Shop, tana watsa manhajojin cikin dare.

Labarin da ya fi kama raina shi ne na Yugoslabiya. A wancan lokaci dokar ƙasar ta hana mutum shigo da kayan waje masu tsada, saboda haka kwamfutar Turai ta yamma sai dai ta ɓarauniyar hanya, ga wanda ke da hali. Wani injiniya matashi, Voja Antonić, ya zauna a 1983 ya yi tunanin yadda za a rage kuɗin. Guntun da ke zana hoto a fuska yana da tsada, sai ya cire shi, ya ɗora wa ƙwaƙwalwar Z80 aikin zanen a kan nata aikin. Na'urar ta rage gudu, amma ta zama abin da mai ƙaramin albashi zai iya haɗawa. Ya sa mata suna Galaksija. Babbar manhajarta kilobayit 4 ce, don haka saƙonnin kuskurenta uku ne kacal: ɗaya in ba ta gane abin da ka rubuta ba, ɗaya in abin ba zai yiwu ba, ɗaya in wuri ya ƙare.

Antonić bai ɓoye zanen ba. A ƙarshen 1983 shi da ɗan jarida Dejan Ristanović suka buga shi ɗungurungum a wata mujalla ta musamman, da bayanin yadda za a haɗa da dalma da hannu. Sun zaci 'yan ɗaruruwa ne za su gwada. Sama da mutum 8,000 suka aiko neman kayan haɗi. Kuma akwai wani abu da ya gina a cikinta wanda ya nuna irin tunaninsa: manhaja in ta gama shiga daga kaset ba ta tashi da kanta. Sai mai na'ura ya ba da umarni, kuma kafin ya bayar yana iya buɗe ta ya karanta yadda aka rubuta ta, ya gyara, ya ƙara.

A nan rediyo ya shigo. Zoran Modli, mai gabatar da shirin matasa Ventilator 202 a wani gidan rediyon Belgired, ya amince ya riƙa watsa manhajoji a tsakiyar shirin kiɗa. Zai sanar da masu sauraro su shirya rakodarsu, sai ya saki kukan a iska. Tsakanin 1983 da 1986 ya watsa wajen manhaja 150, na Galaksija da na Spectrum da na Commodore. Masu sauraro ne ke rubuto yawancinsu. Wani ya naɗa a garinsu, ya gyara wani wuri, ya mayar wa gidan rediyo, a sake watsa wa kowa. Ba intanet, ba kuɗin data, ba shagon manhaja. Ina so mu tsaya a kan wannan kaɗan, domin a daidai waɗannan shekaru rediyo da rakoda suna cikin gidajenmu daga Kano har Damagaram, kaset na yawo da tafsirin azumi da waƙoƙin Shata da Ɗanƙwairo, har da saƙon murya da matafiyi ke aiko wa iyalinsa. Mun san ƙarfin waɗannan kaya biyu sarai. Mutanen Belgired sun nuna cewa ilmin kwamfuta ma yana iya bin wannan hanya, in an sami masu niyyar rabawa.

Masu kuɗi kuwa sun tsallake kaset zuwa faifan filofi, kuma a nan ne babbar manhaja ta fara fitowa fili. Na'urar faifai ta Commodore, mai lamba 1541, kwamfuta ce mai zaman kanta, da ƙwaƙwalwarta da manhajarta a ciki. A ofisoshi kuma babbar manhajar CP/M ce ke mulki a lokacin, wadda Gary Kildall ya rubuta a 1974. Shi ya ware ɓangaren da ya dogara da irin ƙarfen na'ura ya kira shi BIOS, sunan da masu gyaran kwamfuta ke ambata har yau. Al'adar kiran faifai da harafi ta bi ta CP/M ta shiga MS-DOS, ta gangaro Windows. A da B na filofi ne, shi ya sa babban faifan kwamfutarka ya zama C.

Wani zai ce, Malam, duk wannan tarihi ne, ina ruwan wayata da shi? Da ruwanta. A 1981 BBC ta shirya gangamin koya wa jama'ar Birtaniya kwamfuta, ta nemi kamfanin da zai ƙera na'urar da za a riƙa koyarwa da ita a talabijin. Wani ƙaramin kamfani na Kambirij, Acorn, ya ci. Na'urar, BBC Micro, ta cika makarantun ƙasar. Biyu daga cikin waɗanda suka ƙera ta, Sophie Wilson da Steve Furber, da suka nemi ƙwaƙwalwar da za ta gaje ta ba su sami wadda ta gamsar da su ba, sai suka zana tasu. Da BBC BASIC aka fara gwada zanen. A watan Afrilun 1985 guntun farko ya yi aiki, sunansa ARM. Jikokin wannan guntu ne ke cikin kusan kowace wayar hannu a yau, Tecno ce, Itel ce, Samsung ce ko iPhone. Wayar da ke da gigabayit 4 ta ninka ma'adanar Spectrum fiye da sau 80,000. Sai dai ba ta taɓa tsayawa ta jira yaronka ya rubuta mata layi ɗaya ba. An gina ta ne don ya kalla, ya taɓa, ya saya. A ganina darasin kwamfuta a makarantunmu zai fi albarka in ya fara daga wannan fuska mai jiran umarni, kafin a kai ga haddar sunayen sassan na'ura.

Kuma ba sai an mallaki tsohuwar na'urar ba. Akwai manhajojin kwaikwayo na kyauta da ke mayar da kwamfutar yau ta zama ta jiya: Fuse tana kwaikwayon Spectrum, VICE tana kwaikwayon Commodore, BeebEm tana kwaikwayon BBC Micro, akwai irinsu kuma a wayoyin Android. Ƙanana ne, da an sauke su ba sa buƙatar data, kuma tsohuwar laftof ɗin da aka jingine ta ishe su. Malami mai laftof ɗaya zai iya zaunar da aji guda, kowane yaro ya rubuta manhajarsa a takarda, a bi layi a shigar a ga ta wa za ta tashi.

Wanda kuma Allah ya haɗa shi da ta ainihi a kasuwar kayan gwanjo ko a ɗakin ajiyar wata tsohuwar makaranta, ina roƙonsa kada ya yi gaggawar jona ta. A fara duba ƙarfin wutar da aka rubuta a jikinta, domin wadda aka yi wa Amurka wutar 110 take sha, tamu kuwa ta ninka haka. Tsohon akwatin wutar Commodore 64 yakan lalace ya tura wuta fiye da kima ya ƙone na'urar, don haka a sa mai gyaran rediyo ya auna shi da mita tukuna. Spectrum tana shan bolt 9, amma tsakiyar filoginta shi ne ɓangaren ragi, saɓanin yawancin cajojin da ke kasuwa. In aka juya, ta mutu. In madannanta sun ƙi aiki, galibi siririyar ledar da ke ƙarƙashinsu ce ta tsage saboda tsufa, kuma ana samun sabuwa. Rakoda kuwa ba dole ba ce yanzu: ana iya kunna sautin manhajar daga waya a jona da wayar iyafis zuwa ramin da aka rubuta EAR.

Ga aikin gida kafin mako mai zuwa. A zana gidaje 8 sau 8 kamar yadda muka yi, a fitar da harafin ƙ, a tara lambobinsa takwas, a aiko mana. Yara da manya duk an gayyace su, kuma za mu shigar da waɗanda suka iso a na'ura mu faɗi yadda kowanne ya fito. A shiri na gaba za mu buɗe faifan filofi mu ga yadda ake raba shi zobe-zobe, da yadda babbar manhaja ke tuna inda ta ajiye kowane fayil.

 

[KIƊAN RUFE FILI]